Kawu ya fito a fim

Tawa, Nijar

Zuwa ga aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali da duk 'yan Adar da ke nan Abijan. Mu dai sai godiya, zafi ne kawai ya fara matsawa.

Albishirinka! Kawu, ƙanen Inna na wajen Badagishiri, ya fito a fim. Ba wasan kwaikwayo ba ne, fim ne na gaskiya kan raya ƙasar da ta mutu, kuma shi ne da kansa, ga sunansa a rubuce, an sa masa "manomi". Ranar ɗauka 'ya'yansa suka fiddo masa rigar Sallah, ya ce shi ba da ita yake aiki ba. Da tsohuwar taguwarsa da malfa ya tsaya gaban kyamara.

Sun bi shi gonar nan ta kan fako, wadda a da ko akuya ba ta samun abin tsinka. Ya duƙa ya haƙa tassa, wato ɗan ramin shuka, ya tara ƙasar ta wajen gangare don ta tare ruwa, ya zuba taki cikin hannu biyu. Sannan ya bayyana yadda gara ke bin takin tana huda ƙasa, har ruwan sama ya samu hanyar shiga. Ya kawo zancen yunwar 1984, da yadda manoman Illela suka je Yatenga ta Burkina Faso a 1989 suka dawo da dabarar. Da ya zo kan shanunsa da suka mutu sai ya yi shiru, ya daɗe bai ɗago kai ba. Masu fim ɗin ba su yanke wurin ba, Allah ya saka musu.

Ka san yadda aka saba, wani mai takarda ake zaunarwa a ofis a Yamai yana bayani, manomi kuwa a hasko shi daga nesa. Wannan karon Kawu ke magana da Hausarsa ta Adar, Faransanci na biye da shi a rubuce. Wallahi sai da na yi ƙwalla.

Daren da aka nuna shi a bangon makarantar garin, mata suka yi ta guɗa. Shi kuwa damuwarsa ɗaya, ba a nuna maƙwabcin da ya koya masa ba.

Zan turo maka ta WhatsApp. Ka tara yaran garinmu ku kalla, musamman autan Kawu. Kawu ya ce ka gaya masa ya dawo kafin ruwa ya sauka, akwai haƙa da yawa bana.

Ka gaida mutan gida.

Naka amini.