Sallah Babu Taushe

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Zuwa ga Baba da Umma da duk mutanen gida. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, barkanmu da Sallah, da fatan an sha ruwa lafiya. Allah ya karɓi ibadunmu, ya maimaita mana. Ni ma lafiya lau nake, sai kewarku da ta tashe ni tun kafin asuba.

Mun yi Idi a wani filin shaƙatawa nan Manchesta, kan jiƙaƙƙiyar ciyawa. Atamfar da Umma ta sa aka ɗinka mini babu wanda ya ga kyanta, rigar sanyi ta rufe ta ruf. Huɗuba da Turanci, sahu cike da 'yan Pakistan da Somaliya da Larabawa, ana sallamewa kowa ya kama gabansa. Shaguna a buɗe, yara sun tafi makaranta, babu mai buga maka ƙofa ya ce barka da Sallah, balle kwano ya shigo daga maƙwabta. Wata abokiyar aikina ta kawo mini siririyar taliya da aka dafa da madara da sukari da dabino, wai abincin Sallarsu ke nan. Na ci na gode mata. Amma Umma, taliya da madara da safiyar Sallah?

Ni waina da miyar taushe raina ke so, kuma ba kowace ba, taki. Na san yanzu haka tun dare kin kwaɓa ƙullu, da asuba kin ɗora tanda, Auta na tsugune da kwano tana jiran waɗanda gefensu ya ƙone, da can rabona ne. Na gwada yi a nan. Sanyi ba ya barin ƙullu ya tashi sai na jingina robar da abin ɗumama ɗaki. Yakuwa ɗanya babu, aka ce in matsa lemon tsami a alayyafo, ai kuwa miyar ta fito da tsamin da ba nata ba. Kabewa kuma wata ɗaya take da daraja a ƙasar nan, Oktoba, lokacin da suke ƙwaƙule cikinta su yanka mata ido da baki su kunna kyandir a ciki su ajiye a ƙofar gida. Ba ci suke ba fa. Kwana kaɗan sai shara. Duk sanda na gani sai in tuna yadda ake yanka mana ita tsagi-tsagi a Kasuwar Barci, kina ƙwanƙwasa bayanta kina taya kuɗi.

Kabewar ce ma ta sa na zauna rubuta wasiƙar nan maimakon in tsaya a kiran waya. Da na taso daga Idi yayyafi ya koro ni wani kantin gwanjo, irin wanda mutane ke kai tsofaffin kayansu a sayar a yi sadaka da kuɗin. Cikin tarin littattafan yara na ci karo da wani mai ɗauke da hotunan da aka ciro daga fim ɗin Cinderella, shafi bayan shafi. Yaya, ka gane wanda nake nufi. Kaset ɗin nan mai tsagaggen kwali da Kawu ya kawo mana, wanda sai mun dawo yawon Sallah daga Gamji, ƙafa duk ƙura, aljihu cike da goron Sallah, sannan a baje a falo har da yaran layi a kunna. Ba ma jin Turancin, kai ne mai fassara, kuma rabin abin da kake faɗa ƙirƙira kake. Tun kafin a fara yi wa fina-finan Indiya fassarar Hausa mu muna da namu a gida, kyauta.

Ina buɗe littafin sai na lura ashe ban taɓa riƙe fim ɗin a kaina yana tafiya ba. Guntu-guntu na riƙe shi, a tsaye. Ko dai NEPA ta ɗauke wuta ana tsaka da kallo, ko kai ka danna maɓallin tsayarwa don ka yi mana dogon bayani, hoton yana rawa da layi-layi a jikinsa mu kuma mun ƙura masa ido. To ga su nan a takarda, babu rawa babu layi. Akwai inda ta durƙusa tana wanke daɓe, kumfar sabulu na tashi, kuma cikin kowace kumfa ga surarta. A talabijin kafin ka gama gani ya wuce, yau kuwa na zauna ina bin su ɗaya bayan ɗaya. Ga ɓeraye da tsuntsaye sun taru suna ɗinka mata riga, ɗaya na jan zare ɗaya na ɗauke da almakashin da ya fi shi girma. Shafin da agololin nan biyu suka yayyaga rigar kuwa da sauri na wuce shi, har yau ba na son ganinsa.

Sai shafin kabewa. Nan na yi dariya ni kaɗai a kantin har mai jiran kanti ta ɗago kai. Kun tuna Kaka, Allah ya jiƙanta, da ta leƙo daidai inda kabewa ke zama keken doki? Ta riƙe haɓa ta ce kabewar da za ta ishi unguwa taushe an ɓata ta a abin hawa. Daga nan ta ce ai wannan tatsuniyar 'yar bora ce, ba wani sabon abu. Da dare ta zaunar da mu ta ba mu tata: yarinyar da take kai wa kwaɗi ƙanzo a kududdufi, ranar wasa babban kwaɗo ya amayo mata tufafi da takalma, ta yar da ƙafa ɗaya a dandali, ɗan sarki ya sa aka bi gida-gida ana gwadawa. Gaskiya ta Kaka ta fi ma'ana a wurina, don yarinyar da hannunta ta shuka alherin da ya dawo mata.

Fim ɗin ya girmi Baba. Kamfanin Walt Disney na Amurka ya fitar da shi a 1950, shekara goma kafin Najeriya ta sami 'yanci, labarin kuma daga rubutun wani Bafaranshe ne, Charles Perrault, na 1697, shi ne mai kabewa da takalmin gilashi. Babu kwamfuta a aikin. Da fensir ake zanawa a takarda, a kwafe da tawada kan wata leda mai kauri da ake ganin bayanta, a shafa fenti ta baya, yawanci mata ke wannan ɓangaren, sannan a ɗora a kan zanen ɗaki ko daji a ɗauki hoto. Hoto 24 ke wucewa cikin daƙiƙa ɗaya, ka ga fim ɗin da ya haura awa ɗaya da kaɗan ya haɗiye sama da 100,000. Duk wannan wahala ido ba ya kama ta sai an tsayar. Shuɗin daren da suka yi wa fadar sarki kaɗai ya ishe ni kallo. Na yanzu da yaran Yaya ke gani a waya sun fi santsi, amma gudu suke kamar an biyo su, ban jin za su tuna ko ɗaya in sun girma.

Don haka ina da roƙo. Auta, ki daina turo mini bidiyo mai jijjiga, kai na juyawa. Hoto nake so, a tsaye. Umma gaban tanda, Baba da babbar rigarsa ya dawo daga masallacin Sultan Bello, da kwanon taushen kansa daga kusa, man ja na yawo a sama. Ɗazu da muke waya intanet ta tsinke, fuskar Umma ta tsaya cak tana tsakiyar dariya, na yi maza na adana. Ki yi haƙuri Umma, ba zan goge ba.

A gaida Goggo ta Tudun Wada da kyau da kyau. A ce mata turaren wutar da ta ba ni sai ranar Juma'a nake sa ɗan kaɗan don kada ya ƙare, kuma ya ƙafar tata, tana shan maganin kuwa ko tana ɓoyewa ƙarƙashin filo yadda ta saba? In ba ta sha a gaya mini, ni zan kira ta. A gaida Kawu da iyalinsa, a tambaye shi ko kaset ɗin nan yana nan cikin akwatinsa, kada kowa ya zubar. Baffa na Zariya, na san gobe su yara za su tafi kallon hawa, a riƙe hannun ƙananan sosai. Matar Yaya da jaririyarmu, a sumbace mini ƙafarta, har yanzu ban ɗauke ta ba amma na riga na san ni ta biyo. Malaminmu na Islamiyya, mai kanti na bakin layi, maƙwabta na dama da na hagu. Su Anti na Kawo ma a gaishe su.

Na tura goron Sallah asusun Yaya, a raba wa yara, na Goggo daban. In an ji mai tahowa Ingila a haɗo mini daddawa da busasshiyar yakuwa, a ɗaure su da kyau don kada su cika wa mutum jaka da wari. Baba a ci gaba da sa mini albarka.

Wassalam,
'Yarku, daga Manchesta.