Wasiƙa Zuwa Ga Ɗana a Jidda Kan Sunan Bello

Mai Wurno, Sudan

Ya kai ɗana,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, saƙonka ya iso mana cewa maiɗakinka ta sauka lafiya, an sami ɗa namiji. Allah ya raya shi, ya ba uwarsa lafiyar shayarwa. Ka ce kana so ka raɗa masa Muhannad, kana kuma neman shawarata kafin ranar suna. Na ji daɗin tambayar, domin da yawa daga cikin 'ya'yan yanzu sai bayan an yanka rago iyayensu ke jin labari.

Shawarata ita ce ka sa masa Muhammadu Bello, kuma ga dalilina.

Bello ba kalmar Larabci ba ce, ba kuma ta Hausa ba ce. Daga Fulatanci ta fito, ma'anarta mataimaki. Wanda ya ɗaukaka sunan shi ne Muhammadu Bello ɗan Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, malami marubuci, wanda ya kafa birnin Sakkwato a 1809, ya zama Sarkin Musulmi bayan rasuwar Shehu a 1817, ya rasu a Wurno a 1837. Saboda girmansa ne mutanen ƙasar Hausa suka riƙa liƙa wa Muhammadu laƙabin Bello, kamar yadda ake kiran Usmanu da Shehu, har laƙabin ya tsaya da ƙafarsa ya zama suna. Daga baya Sardaunan Sakkwato Ahmadu Bello, wanda ya fito daga wannan tsatso, ya ƙara masa armashi, kuma a Nijeriya har wajen Yarbawa za ka ji shi.

Mu kuwa namu ya wuce haka. Da Turawan Ingila suka ci Sakkwato a 1903, Sarkin Musulmi Attahiru ya yi hijira gabas, aka kashe shi a Burmi a wannan shekara. Ɗansa, wani Muhammadu Bellon, shi ne ya ja ragamar waɗanda suka tsira a kan hanyar Makka, har suka sauka a bakin wannan kogi na Nilu kusa da Sinnar, kuma laƙabinsa na Mai Wurno ne garin da aka haife ka yake ɗauke da shi. Ina yaro, idan aka ƙwala kiran Bello a makarantar allo, sai kawuna da yawa su ɗago, dole a bambanta da Bellon gidan wane.

Yau sai in zaga unguwa ban ji an kira yaro da sunan ba, kuma na san abin da ya jawo. Yaranmu sun shiga makarantun gwamnati, sun tafi Khartum da Madani, sun ji yadda ake furta kalmar Fallata, sunan da ake kiran mu 'yan asalin yammacin Afirka da shi, da raini, sai suka ga sunan Larabci tsantsa zai rufe musu asali a gaban mai rubuta takarda. Ban zarge su ba, domin ni ma na tsaya a irin wannan layi, na sha tambayoyin da ba a yi wa na gabana ba. Amma ban ga wanda sauya suna ya sa aka daina yi masa kallon baƙo ba.

Muhannad suna ne mai kyau, takobi ne ƙirar Indiya a wajen Larabawan dā. Sai dai ka sani, yawan da ya yi a zamaninku ya biyo bayan wani wasan talabijin na Turkiyya da aka juya zuwa Larabci ne, kuma ina ganin yayin da talabijin ya kawo, talabijin ne zai kwashe shi. Jikana zai tashi a Jidda, Larabci zai riga Hausa shiga bakinsa, ga yaƙi ya warwatsa dangi. Ina so wata rana ya tambaye ka me ya sa ake ce masa Bello, domin amsar za ta tilasta maka ba shi labarin Burmi da wannan kogi.

Haƙƙin zaɓe naka ne da uwarsa, ka shawarce ta da kyau, kada ka ce mata umarnina ne. Idan kun amince, ka tabbatar an rubuta sunayen biyu a takardar haihuwa. Ni dai bakina ba zai iya kiran sunan ba, tunda na mahaifina ne, saboda haka Baba zan riƙa ce masa. Mahaifiyarka tana gaishe ku, ta ce a aiko mata da hotonsa.

Wassalam,
Mahaifinka