Amsa ga Malamin da ya tambaye ni game da makarantar masaƙa

Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam.

A shirin rediyon da aka gayyace ni makon jiya ka kira waya ka yi mini tambaya, lokaci kuma ya ƙure kafin in ba ka amsar da ta dace da kai. Ka ce ka ji labarin da nake rubutawa, na wata makaranta inda ake koya wa yara saƙar da ke sauya duniya: a saƙa hanya ta bayyana, a warware katanga ta ɓace. Ka ce, "'Yata, wannan ba sihiri kike kwaɗaita wa yaranmu ba? Kuma me ya kai ki ga saƙa, duk sana'o'in duniya?" Tunda a bainar jama'a ka tambaya, a bainar jama'a zan amsa.

Bari in fara da ta biyun, domin ita ce tushen ta farkon.

A gidan masaƙa na tashi. Kakata ta wajen uba ita ke gurzar auduga a kan magurji, ta shiɓe ta, ta dangwali alli da yatsa ta murza mazari. Kakana kuma yana zaune a rumfar ƙofar gida, wadarinsa ya miƙe har bakin hanya, an ɗaure ƙarshensa a jikin kunkuru, wato katakon nan da ake ɗora wa dutse. Ƙafafunsa na takawa, andira, mai raba zaren wadari sama da ƙasa, na buɗewa tana rufewa, ƙoshiya na wucewa daga wannan hannu zuwa wancan da kwarkwaron da aka naɗe zare a jikinsa a cikinta. Da safe kunkuru yana can nesa. Kafin la'asar ya matso kusa da gwiwarsa, kuma abin da ɗazu zare ne tsirara ya zama fari da za a iya ɗinkawa. Ina yarinya, ban taɓa ganin abin da ya fi wannan ban mamaki ba, har yau ma ban gani ba.

Kuma ba ni kaɗai ce ta ga haka ba, Malam, harshenmu ya riga ni. In mutum ya yi shiru yana tunani, mukan ce yana saƙe-saƙe. In ya rasa matsaya, yana saƙa da warwara. In ya shirya wa ɗan'uwansa sharri, ya yi masa saƙa da mugun zare. Bahaushe ya daɗe da sanin cewa abin da zuciya ke yi da abin da masaƙi ke yi dangin juna ne. Ni dai na ɗauki wannan karin magana na gina masa ɗakuna da tsakar gida, na zuba ɗalibai a ciki.

Saƙa ta taɓa sauya duniya da gaske, a nan ƙasarmu. Lokacin da Bajamushen nan Heinrich Barth ya iso Kano a 1851, abin da ya fi ɗaukar hankalinsa shi ne tufafin da ake saƙawa da rinawa. Ya ƙiyasta cewa abin da ake kaiwa Timbuktu kaɗai ya kai kayan raƙumi 300 a shekara. Turkudin Kura, mai sheƙin nan da ake samu bayan an rina da baba an kai wa masu bugu, shi ne rawanin Buzaye har Agadas da gaba da ita. Siririn ƙyalle, wani bai kai faɗin yatsu biyu ba, ya buɗe hanyoyin ayari, ya cika kasuwar Kurmi, ya ciyar da manomin auduga da mai kaɗi da marini da maɗinki. Yau yaro zai wuce marinar Ƙofar Mata bai san me ramukan suke nufi ba. Ina so yaron nan ya karanta labarina, ya tashi ya je ya leƙa.

Yanzu ga tambayarka ta farko, wadda ta hana ni barci fiye da yadda kake zato.

Na san Suratul Falaƙ, na san muna neman tsari daga sharrin masu tofi a cikin ƙulle-ƙulle. Shi ya sa tun kafin in rubuta shafin farko na shata wa kaina iyaka. A makarantar nan ba a kiran aljani, ba a yanka, ba a tofi a ƙulli. Mutum ɗaya ne a duk labarin yake yin haka, kuma shi ne wanda aka kora, shi ne abin tsoron kowa. Akwai kuma abubuwa huɗu da malaman ke gaya wa ɗalibi ranar da ya shigo cewa ba su saƙuwa: rai, mutuwa, ruwan sama, da zuciyar wani. Waɗannan na Mai su ne. Abin da ɗalibai ke taɓawa shi ne abin da ɗan Adam ya saba taɓawa da hannunsa, kamar hanya da katanga da rijiya da nisan da ke tsakanin gari da gari.

Ko wannan ɗin ma ba a banza ake samunsa ba. Shekarar farko ɗalibi ba ya ko zama a bakin masaƙa, gurza da shiɓa kawai yake yi. Ta biyu kaɗi. Ta uku wadari, ya yi ta kai da komo tsakanin turaku har ya iya ƙirga zarensa ido rufe. In ya fara saƙa, ƙwarya ɗaya siririya, wato dogon ƙyallen saƙa guda, yake iya fitarwa, kuma ƙwarya ɗaya ba ta sauya komai sai ɗan abu kaɗan. Babban aiki sai an haɗa ƙwarya da ƙwarya daga hannaye da yawa, kamar yadda ake haɗa babbar riga. Don haka babu wanda zai iya juya gari shi kaɗai, komai baiwarsa.

Babin da na fi so shi ne na wata yarinya da ta gaji da ganin mahaifiyarta na tafiyar rabin yini zuwa rijiya. Ta saci jiki da dare ta saƙa hanyar ta gajarce. Gari ya waye, rijiya na bayan gida, kowa na sa mata albarka. Bayan kwana uku sai ga mutanen wani ƙauye sun iso makarantar ƙafafu a kumbure. Nisan da ta cire bai ɓace ba, a kansu ya sauka, domin zaren da ka ja daga nan daga wani wuri ya taho. Malamanta ba su doke ta ba. Sun tura ta ƙauyen ta yi shekara tana ɗebo musu ruwa a kan doguwar hanyar da ta jawo musu, sannan ta dawo ta warware saƙarta zare ɗaya bayan ɗaya, ba tare da ta tsinka ko guda ba. Na yi kuka ina rubuta wurin da take komawa gida ta gaya wa mahaifiyarta cewa rijiyar za ta koma inda take.

Wannan nake so yaranmu su ɗauka, Malam. Sun taso a zamanin da ake danna waya abu ya zo, ba a ganin wanda ya biya kuɗin sauƙin. Ina so su saba tambayar inda zaren ya fito.

Ban ce damuwarka ba ta da tushe ba. Yaro na iya karanta labari ya ɗauki ƙyalƙyalin ya bar nauyin, kuma wannan haɗari ne da nake ɗauke da shi a wuyana. Saboda haka ina da roƙo. Akwai babin da shugabar makarantar ke yi wa ɗalibai gargaɗi kan karya alkawari, kuma a raina ina jin aya ta 92 ta Suratun Nahli, mai misali da matar da ta warware zarenta bayan ya yi ƙarfi. Ban sa ayar a bakinta ba, domin ina tsoron ɗora maganar Allah a cikin ƙagaggen labari ba bisa ƙa'ida ba. Zan bar babin nan da na yarinyar rijiya a hannun mai gabatar da shirin, cikin ambulan da sunanka. Ka karanta, ka ja layi da jan biro duk inda ka ga na ƙetare iyaka, ka kuma gaya mini ko ya halatta in kawo ayar ko in bar ta. Ba zan kai littafin maɗaba'a ba sai na ji daga gare ka.

Allah ya ƙara wa Malam lafiya da nisan kwana.

Wassalam,
'yarka, jikar masaƙi.