A ɗauki rayuwar yaran Daura a fim

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ina roƙon a ba ni fili in yi kira ga masu shirya finafinai na Kannywood da matasanmu masu riƙe da kyamara. Mu a nan Daura muna buƙatar fim na gaskiya, ba shiryayyen labari ba, kan yadda yaranmu ke tasowa.

Yaro ɗaya ne zai wanke allonsa da asuba, ya sa kayan makaranta ya tafi boko, da dare kuma ya maƙale a wayar yayansa yana kallon TikTok. Wa ya taɓa zaunar da shi ya ji ta bakinsa? Masu zuwa daga nesa, almajiri da ƙoƙon bara kawai suke ɗauka su tafi, sai ka ce iyakarmu ke nan. Wannan yana yi mini ciwo ƙwarai.

Ga Sallar Gani, ga tashen azumi, ga langa da gaɗar 'yan mata a dandali da ke neman ɓacewa. Yara da yawa sun san rijiyar Kusugu da suna, amma tatsuniyar kaka ta yi ƙaranci a gidaje.

Sharaɗina guda: a nemi yardar iyaye da malaman tsangaya kafin a haska fuskar kowane yaro, kuma a fara nuna fim ɗin a unguwar da aka ɗauke shi.

Wassalam.
Wani malamin firamare, Daura.