Wasiƙa daga bakin tanderu, Paris

Yayana,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fatan kowa yana lafiya kamar yadda nake nan lafiya ƙalau. Yaya jikin Inna, ƙafar ta saki kuwa? Yaya uwargida da yara, yaya kuma zafin Maradi?

Na saurari saƙon muryar da Inna ta sa aka turo mini, har sau uku na maimaita shi. Wai ta ga hayaƙi da jandarmomi a wayar wani, an ce mata Paris ce ke ci da wuta, ta kwana ba ta runtsa ba. Don Allah ka zaunar da ita ka ce mata babu abin da ya same ni. Mutanen nan fita titi a wurinsu kamar zuwa kasuwa ne. A 2018 na ga masu riga ɗorawa sun tare hanyoyi saboda harajin mai. A 2023 kuma, da aka ce za a mayar da shekarun ritaya daga 62 zuwa 64, masu kwasar shara suka ajiye aiki, bola ta taru a ƙofar gidan burodinmu har ta kusa kai mini kafaɗa. Duk da haka ban fasa kwaɓa fulawa ko dare ɗaya ba.

Kai malamin makaranta ne, na san kana koya wa yara juyin juya halin Faransa na 1789. Mu ma mun haddace 'yanci da daidaito da 'yan'uwantaka kamar karatun allo. To ni dai sai da na tsaya gaban tanderu na gane abin. Maigidana tsoho ne, kakanninsa ma masu burodi ne, kuma da ƙarfe huɗu na asuba, idan muna jiran kwaɓi ya tashi, ba shi da wata hira sai ta tarihi. Wata rana na ƙona buhu guda na kaya, ina jiran faɗa, sai ya yi dariya ya ce in gode wa Allah ba a zamanin juyin juya hali nake ba. Ashe a ranar 21 ga Oktoban 1789 jama'a sun rataye wani mai gidan burodi a nan Paris, Denis François, don an ce ya ɓoye burodi. 'Yan ƙalilan aka samu a bayan shagonsa. Tun daga ranar na fara bin labarin.

Abin ya soma ne daga gona. Ranar 13 ga Yulin 1788 aka yi ruwan ƙanƙara da ya kwantar da alkama a faɗin yankuna masu yawa, ana gab da girbi. Sai hunturu ya biyo baya da sanyin da har kogin Sen ya daskare, injinan niƙa masu aiki da ruwa suka tsaya cik. Burodi mai laba huɗu, kusan kilo biyu ke nan, da ake saya 8 ko 9 a ƙaramin kuɗinsu na lokacin mai suna "su", ya kai 14 da rabi. Lebura kuwa 20 zuwa 30 yake samu a ranar da ya samu aiki. Ka lissafa da kanka, mai mata da 'ya'ya huɗu. Kuma burodin nan shi ne tuwonsu, shi ne furarsu, babu wani abu a bayansa. Da nake jin wannan sai 2005 ta faɗo mini, lokacin da Inna take auna gero da gwangwanin tumatir, mata suna tonon gidan tururuwa. Yunwa, a ba ki a huta.

Ga yunwa, ga kuma kaya a wuya. Faransa ta lokacin tana da mutum wajen miliyan 28, an kasa su gida uku: malaman coci, sarakai, sai sauran jama'a, waɗanda su ne fiye da 97 cikin ɗari. Manyan haraji a kan na ukun nan suke. Manomi zai ba coci nata kason daga amfanin gona, ya biya basaraken ƙasarsa, ya biya sarki, a kuma fitar da shi gyaran hanya kyauta. A wurare da yawa ba shi da ikon niƙa hatsinsa sai a injin basarake, ba ya gasa burodi sai a tanderun basarake, kuma da kuɗi. Wanda ya fi ba ni mamaki shi ne na gishiri. A wasu larduna dole ne duk wanda ya haura shekara takwas a saya masa kilo bakwai a shekara daga rumbun gwamnati, a farashin da aka yanka, ko yana so ko ba ya so. A lardin Faransa da ake kira Biritaniya kuwa babu wannan harajin, sai fasa-ƙwauri ya zama sana'ar ƙauye guda, wanda aka kama a kai shi aikin wahala da sarƙa a ƙafa. Ka ce wa Kawu da a can yake da ayarin Bilma, da tuni ya sha ɗauri.

Baitulmali ya bushe saboda bashi, har da na yaƙin da suka taya Amurka. Sai Sarki Luwi na 16 ya kira taron wakilan gidajen nan uku, wanda rabon da a yi shi tun 1614, ya ce kowace alƙarya ta rubuto kukanta. Aka tara littattafan koke wajen 60,000. Na karanta kaɗan a ɗakin karatu na unguwarmu, kuma wallahi kamar a ƙofar gidan mai gari nake zaune. Wannan yana kukan tattabarun basarake suna cinye masa iri kuma an hana shi kashe su. Wancan yana kukan zomaye, da dawakin 'yan farauta da ke tattake shuka. Da wuya ka ga wanda ya ce a cire sarki. Yawancinsu suna ganin sarki uba ne, na kusa da shi ne ke ɓoye masa gaskiya. Ka san wannan maganar.

Kullum idan zan tafi aiki ina wuce wani zagayayyen gini a dandalin Stalingrad. Na daɗe ina zaton tsohuwar coci ce. Ashe shingen 'yan kwastan ne, ɗaya daga cikin fiye da hamsin da suka kewaye Paris, inda ake karɓar kuɗi a kan nama da itace da giya kafin su shiga gari. Su jama'a suka fara cinna wa wuta, kwana biyu kafin a far wa gidan yarin sarki na Bastil, suka ƙona wajen arba'in. Ita Bastil ɗin da ake ta yi wa biki ranar 14 ga Yuli, fursuna bakwai kacal aka tarar a ciki. Albarushi suka je nema, don sun kwaso bindigogi da safe ba su da abin ɗurawa. Kusan mutum ɗari suka mutu a ƙofarta, mafi yawansu kafintoci da maƙera da masu ɗinkin takalmi na unguwar da ke gefen. Yanzu babu ginin, sai layin duwatsu a kan titi da ke nuna inda bango yake.

Amma wanda nake so ka karanta wa Inna a hankali shi ne na mata. An soke gatan sarakai a daren 4 ga Agusta, an rubuta takardar haƙƙin ɗan Adam a 26 ga watan, burodi dai bai sauko ba. Mace ce ke tashi tun duhu ta bi layi, ita ce ke komawa gida hannu biyu ta kalli yara. Ranar 5 ga Oktoba tura ta kai bango. Matan kasuwa, masu kifi da masu kayan miya, suka taru wajen dubu shida ko bakwai, suka ɗauki wuƙaƙe da masu, suka jawo igwa, suka taka kusan kilomita 20 cikin ruwan sama har fadar Barsay. Suka shiga zauren majalisa da laka a ƙafa suka zauna a kujerun wakilai. Washegari aka kutsa cikin fada, aka kashe dogarai biyu, aka taso sarki da iyalinsa zuwa Paris, ga amalanken fulawa a gaba da baya, ana waƙar sun kawo mai burodi da matar mai burodi da yaron mai burodi. Bai sake kwana a Barsay ba. Na san Inna za ta ce matan kasuwa ko'ina halinsu ɗaya.

Kada ka ɗauka daga nan sai daɗi. An fille kan sarki ranar 21 ga Janairun 1793, matarsa a Oktoba, injin fille kai kuma bai tsaya a kansu ba. Fiye da mutum 16,000 kotuna suka yanke wa kisa a wannan ɗan tsakanin, kuma mafi yawansu talakawa ne, ba 'ya'yan sarauta ba. Manoman yankin Bande da suka ƙi a kwashi 'ya'yansu soja aka yi musu kisan da har yau jikokinsu ba su manta ba. Gwamnati ta ƙayyade farashi, kaya suka ɓace daga kasuwa suka koma bayan fage, kuɗin takarda ya zama ganye. Matan da suka ɗauko sarki kuwa, a 1793 aka rufe ƙungiyoyinsu aka ce su koma murhu. Sai a 1945 mace ta fara jefa ƙuri'a a ƙasar nan.

Akwai inda ni da maigidana muke rabuwa. Shi yana alfahari an soke bauta a 1794. Ni kuma na tuna masa bayin Haiti ne suka tashi da kansu tun 1791, kuma Napoliyon ya mayar da bautar a 1802, ba a rabu da ita ba sai 1848. Na ba shi labarin Kaka, yadda ya ce ana kama su ɗaukar dutsen hanya babu ko sisi, ga lanho a kan kowane kai, har sai da aka hana aikin tilas a 1946. Na ce masa abin da kakanninka suka ƙona gidajen sarakai a kansa, shi jikokinsu suka kawo mana. Ya yi shiru, ya ce in duba wuta. Da za mu tashi ya ƙara mini burodi biyu a leda. Mutumin kirki ne, ba na cin amanarsa.

Kuɗin da na turo ranar Litinin, ka cire na maganin Inna tukuna. Sauran a sayi gero yanzu tun ana kaka, kada a jira bazara, kuma a zuba a rumbun ciki, ba na zaure ba, saboda ɓeraye. Na ƙaramar kuwa a biya mata kuɗin makaranta gaba ɗaya, kada in sake jin zancen talla. Idan an samu mai zuwa a aiko mini da kilishi da yajin ƙuli, wanda na zo da shi ya ƙare tun azumi.

Ka gaishe da Kawu da liman da duk 'yan majalisar ƙofar gida. A ci gaba da sa ni a addu'a. Ƙarfe biyu ta yi, zan fita in kama aiki.

Ƙaninka.