Matan da aka bari a rataye a kotunan Legas

Malam Edita, assalamu alaikum.

Dan Allah a bani ɗan fili in yi magana akan yadda shari'ar raba aure ke jan ƙafa a Legas, abin yana cin matanmu na Agege da Idi-Araba da Mile 12 kuma kowa yayi shiru. Namiji in ya gaji da aure kalma ɗaya zai furta ko ya rubuta a takarda, shikenan. Mace kuwa in miji yaƙi sakinta kuma yaƙi ciyar da ita, a Kano ko Zariya gaban alƙali zata je ta nemi khul'i. Nan Legas gwamnati bata da kotun Musulunci, akwai dai kwamitin shari'a mai zaman kansa da malamai ke zama a masallaci, suna ƙoƙari wallahi amma mijin da yaƙi zuwa ba ɗan sandan da zai kamo shi. Sai ta ƙare a kotun gargajiya, in auren rajista ne kuma sai babbar kotu, can ma dokar aure ta 1970 tace ko alƙali ya raba sai an ƙara jiran wata 3 kafin rabuwar ta tabbata.

Ƙanwar matata yanzu haka tana cikin wannan hali. Ranar zama sai ta rufe teburin awararta, ta goya yaro tun asuba ta shiga motar haya ta danfo, ta zauna kan benci har azahar sannan magatakarda ya leƙo yace an ɗage. Yau miji bai samu sammaci ba, gobe lauya yana wata kotun, jibi ba tafinta, ita kuwa turancinta na kasuwa ne, Yarbanci ko sai gaisuwa. Ita ba matar aure ba ita ba bazawara ba, bata fara idda ba balle wani ya fito, mijin kuwa tuni ya ƙara aure abinsa.

Na san kotunan ma sun sha nasu, an ƙone babbar kotun Legas ta Igbosere a Oktoban 2020, a 2021 ma'aikatan shari'a suka yi yajin aiki na wata biyu, fayil ya taru. To amma cikin yaro bai san an ɗage ba.

Roƙona ga Babban Jojin jihar Legas shine tun zaman farko a yanke kuɗin ci da na makarantar yara kafin a shiga dogon turanci, a yarda a riƙa aika sammaci ta WhatsApp tunda a can mutumin yake wuni, wanda yaƙi zuwa bayan ya gani a ci gaba ba shi. A kuma ɗauki tafintocin Hausa na dindindin.

Sarakunan Hausawanmu na unguwanni ku ma ranku ya daɗe, "ki yi haƙuri" ɗin nan ya isa haka, ku kira mazan ku sa su zaɓa, ko riƙo da kyau ko su bada takarda.

Naku,
Wani mai karatu daga Agege, Legas