Kaset ɗin Ƙofar Mata

Assalamu alaikum wa rahmatullahi.

Aminina,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kana lafiya, kai da Hajiya da yara. Yaya zafin Jidda? Mu nan hunturu ya kankama, hazo ya lulluɓe gari, in ka tsaya a Gwammaja da sassafe da ƙyar kake hango kan Dala. Mutanen majalisa duk suna gaishe ka, kullum sai an yi cigiyarka.

Na san za ka yi mamakin ganin doguwar wasiƙa daga wurina, tunda mun saba da saƙon murya a WhatsApp. Maganar ce ta fi ƙarfin saƙon murya. So nake ka karanta a natse, in ka gama ka tashi ka buɗe tsohon akwatin nan naka.

Kwanan baya wata ɗaliba ta zo har gida, tana bincike a kan sana'ar rini, an ce mata ina da tsofaffin hotunan marinar Ƙofar Mata. Na shiga ɗakin ajiya da murnata na jawo kwalin kaset-kaset. Ashe ruwan watan Agusta ya yi yoyo ta kusurwar rufin ban sani ba. Ina ɗaga na farko sai na ga farar funfuna ta tagar kaset ɗin, ta yi saƙa a jikin zaren kamar yanar gizo-gizo. Na kwashe su na kai wa wani tsohon mai gyaran bidiyo a Sabon Gari. Ya sa ɗaya a inji, ko minti ɗaya bai yi ba hoto ya ɗauke. Ya buɗe ya nuna mini kan injin, duk ya dame da wani gari mai ruwan ƙasa. Ya ce wannan garin da kake gani shi ne hoton naka. Ƙaron da ke riƙe garin maganaɗisu a jikin zaren, in ya sha laima sai ya yi danƙo, ya riƙa zubewa. Mun ceto kaɗan, amma na marina ya tafi gaba ɗaya. Wallahi da na fito daga shagon sai da na nemi benci na zauna.

A daren na tuna cewa ranar da za ka tashi na yi maka kwafi a kaset ɗin VHS, na rubuta «Marina» da jan biro a gefensa, na ce ka riƙa kallo in kewar gida ta taso. In yana nan, to duk duniya shi kaɗai ya rage.

Ka tuna yadda muka yi aikin nan? Da U-matic ɗin maigidanmu, na'urar ɗaukar bidiyon nan wadda ko a lokacin ta kwana biyu. Kyamara a kafaɗata, rikoda a rataye a taka, igiya ta haɗa mu kamar tagwaye, in na yi taku ɗaya dole ka yi. Kaset minti 20 ne kacal, batir kuma ba ya kai mu azahar. Saboda haka ba a danna ɗauka sai an tabbatar. Yaran yanzu suna cika memori da awa biyar su ce edita zai zaɓa. Mu zaɓen a ido muke yin sa, kafin yatsa ya taɓa maɓalli.

Kwana uku muka yi muna zuwa karofin ba mu fito da kyamara daga jaka ba. Kai har ka fara ƙorafin kuɗin mota. Amma dattijon nan mai farin gemu, wanda baba ya rine hannunsa har gwiwa, ranar farko ko kallonmu bai yi ba. Ya gaji da masu zuwa su ƙyasta hoto su wuce. Rana ta biyu ya amsa gaisuwa. Ta uku ya matsa mana a tabarma, ya fara gaya mana yadda ake haɗa baba da toka da kanwa a rijiyar rini, a bar su su yi kwanaki suna ruɓa, ana motsawa, har kumfa ta taso a san ruwa ya nuna. Sai a rana ta huɗu ya ce, «To, ku ɗauko abin naku.»

Akwai hoto ɗaya a ciki da har gobe in na rufe ido ina ganin sa. Bayan la'asar ne, rana ta karkata, haske yana zuwa daga gefe. Ya tsamo ƙyalle daga rijiya, ya fito kore shar kamar ganyen rama. Ya ware shi a iska, ya riƙe. Ni kuma na durƙusa, na matso da idon kyamara har saƙar zaren ta cika fuska, na ɗauke numfashi don kada hoto ya girgiza. A gaban idona koren ya riƙa juyewa yana zama shuɗi, daga gefe-gefe zuwa tsakiya, iska na shigarsa. Ban yanke ba sai da ya gama rikiɗa. Kai kuma ka miƙa makirufo wajen rumfar masu bugu, ka kamo amon taɓaren nan nasu a kan gungume, biyu suna amsa wa juna kamar masu kiɗa. Da muka haɗa hoton da wannan sauti, maigida ya ce kada a sa muryar mai sharhi a wurin, a bar shi haka. Dattijon ya daɗe da rasuwa, Allah ya jiƙansa. Marinar da ake cewa tun 1498 take, yau in ka je rijiyoyi da yawa sun bushe, wasu shara ta cike su.

Ka sha tambayata abin da ya sa na nace wa dokumentari, alhali abokanmu da suka koma fim ɗin Hausa wasu sun yi gidaje da motoci. Tun da Turmin Danya ya fito a 1990 kasuwar nan take kiran duk mai iya riƙe kyamara, kuma na amsa kiran sau da yawa, na je lokeshan, na ci abinci da shi, ba na raina shi. Bambancin shi ne a can darakta yana iya cewa a sake, a sake har sau goma. A namu aikin ba a sakewa. Tsohuwar da ta share hawaye da gefen mayafi tana ba da labarin yunwa, in ka rasa wannan daƙiƙar ka rasa ta ke nan. In kuwa ka ce mata ta ƙara yi, ka mayar da ita 'yar wasa, ka kuma yi wa mai kallo ƙarya. Ni wannan tsoron kada abu ya wuce ni, shi ne ya riƙe ni shekara talatin da wani abu.

Ina jin kuma majigi ne ya fara sa mini son abin. Ka tuna motar Ma'aikatar Yaɗa Labarai da ke zuwa filin unguwa da magariba, a kafa farin ƙyalle, janareta na ruri, mai bayani na fassarawa ta lasifika? Turawan mulkin mallaka ne suka faro shi, sun kafa sashensu na fim a 1939 don koyar da tsafta da noma da tallar mulkinsu, gwamnatin Arewa ta gāda. Sauran yara suna kallon allo, ni ina waiwayen inda hasken yake fitowa. Daga baya na ji sunan Adamu Halilu, wanda ya shekara da shekaru yana yin finafinan wayar da kai kafin ya yi Shaihu Umar a 1976, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. A nan na gane ashe ɗan Arewa ma yana iya tsayawa a bayan kyamara. Da gwamnatin Abubakar Rimi ta buɗe tashar talabijin ta CTV a farkon shekarun 1980, wadda yanzu ake kira ARTV, muka fara ganin Kurmi da Fagge da fuskokin da muka sani a akwatin talabijin, sai abin ya zama kamar ana kirana da suna.

Makarantata ta gaskiya kuwa hawan Sallah ce. Wanda bai ɗauki hawan Daushe ba bai san wuyar sana'ar nan ba. Ƙura ta tashi, 'yan bindiga suna sakin wuta, kunnenka na ƙara, doki na iya taka ka, ga kyamarar Betacam mai kusan kilo 10 a kafaɗa tun azahar. Ga kuma babbar matsalarmu da littattafan Turawa ba su cika damuwa da ita ba: baƙar fuska a cikin farin rawani a ƙarƙashin ranar Kano. In ka bar kyamara ta auna haske da kanta, farin kaya take bi, sai fuska ta zama duhu ƙirin, ba ido ba hanci. In ka buɗe don fuska, babbar riga ta ƙone, aikin allurar da ke wuyanta ya ɓace. Sai da hannu, kana buɗewa kana rufewa, kana neman inda inuwar laima ta faɗo. Na yi shekaru kafin na iya ɗaukar marigayi Sarki Ado Bayero a kan doki yadda za a ga idanunsa ta saman amawali, a kuma ga adon alkyabbarsa. Jafi kuwa ba a bin sa da kyamara. Wuri za ka zaɓa a Ƙofar Kudu tun kafin a fara, ka kafa ƙafar kyamara, ka jira su zo maka. Ya yi sarauta daga 1963 zuwa 2014, kuma ina da yaƙinin mafi yawan hawan da aka ɗauka a waɗannan shekaru babu su yanzu, domin dukkanmu mun riƙa ɗora sabon aiki a kan tsohon kaset saboda tsada. Ni kaina na yi, kuma yana damuna. Da UNESCO ta sa hawan Sallar Kano cikin jerin al'adun duniya a Disambar 2024, ana ta murna, ni abin da ya faɗo mini shi ne ina hotunan?

Aiki da baƙi 'yan ƙasashen waje shi ya fi kawo kuɗi, kuma na koyi abubuwa a wurinsu, musamman kula da sauti da rubuta bayanin kowane kaset. Sai dai akwai wanda na ajiye wa aiki a rana ta biyu. Mun je wata makarantar allo, yara sun yi wanka sun zauna da allunansu, malam ya karɓe mu hannu biyu. Mutumin ya ce in bar su, in bi wani yaro mai yagaggiyar riga da ke bara a bakin titi, in matso da kyamara kan ƙudan da ke fuskarsa. Ban ce babu bara a Kano ba, akwai, ni ma na yi shiri a kai kuma ban ɓoye komai ba. Amma shi ya zo da labarinsa a rubuce tun daga gida, fuska kawai yake nema ya liƙa. Malamin nan da amana ya buɗe mana zaure. Baƙo zai hau jirgi ya tafi, ni ne zan haɗu da malam a masallacin Juma'a.

Ka ce autanka ya ɗauki son kyamara, har yana tambayar makaranta. Na ji daɗi ƙwarai. Akwai Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa a Jos, akwai kuma Kwalejin Talabijin ta NTA a can, in yana son takarda. Kafa ma ta ƙaru, tun da Arewa24 ta fara a 2014 yara da yawa sun samu wurin gwada hannu, ga YouTube. Wayar da ke aljihunsa ta fi U-matic ɗinmu kyan hoto nesa ba kusa ba. In ya zo hutu ka turo mini shi wata guda. Zan nuna masa yadda ake saita fari da farar takarda, da dalilin da ya sa hoto ke rawa a ƙarƙashin fitilar janareta, da yadda hazon nan da kowa ke kuka da shi yake tausasa haske fiye da kowace fitila. Kafin duk wannan zan kai shi Kurmi wurin dukawa, ba kyamara, ya zauna ya yi gaisuwa, ya sha shayi, har su daina ganin sa a matsayin baƙo.

To, ga roƙona. In ka sami kaset ɗin, don Allah kada ka sa shi a inji, ko da kana da mai aiki, kada kuma ka juya zaren da hannu. Ka duba ta tagarsa, in ka ga fari-fari ka ɗauki hotonsa da waya ka turo mini. Ka ɓalle ɗan haƙorin nan na bayansa in ban ɓalle ba tun a lokacin, don kada a ɗora wani ɗauka a kansa. Ka sa shi a leda mai zif, ka nisanta shi da lasifika da duk abin da ke da maganaɗisu, kada kuma a bar shi a mota cikin rana. Na'urar binciken kaya ta filin jirgi ba ta yi masa komai. Ƙanen matata zai je Umara cikin azumi, zan ba shi lambarka, ka damƙa masa hannu da hannu, ya sa a jakar da zai shiga jirgi da ita.

Mai gyaran ya yi alkawarin wanke injinsa ya juye mana shi a kwamfuta. Na san hoton VHS ba zai kai na asali ba, shuɗin zai ɗan dusashe, amma za a ga hannun dattijon, za a ji bugun. Kwafi huɗu zan yi: naka, nawa, na ɗalibar nan, ɗaya kuma na kai Gidan Ɗan Hausa wurin Hukumar Tarihi da Al'adu. Na kuma yi tambaya a karofin, an nuna mini jikan dattijon, yana nan yana rini a rijiyar kakansa. Ya ce bai taɓa ganin hoton kakan nasa ba ko a kati. Ban yi masa alkawari ba tukuna, jira nake in ji daga gare ka.

Ka gaida Hajiya da yara da kyau. In ka shiga Harami ka sa mu a addu'a, har da kafaɗar nan tawa ta dama da ke hana ni barci in sanyi ya sauko.

Wassalam.

Naka har kullum,
abokin igiyarka.